Yadda matan Somaliyawa ke ɗinka haan da dhiil, da yadda zaki kula dasu in sun shigo hannunki

Abu na farko da zaki cire a ranki shine wai abin da aka saƙa da zaren itace baya riƙe ruwa. A wajen makiyayan Somaliyawa yana riƙewa sarai, ruwa da madara duka, har a ɗaure shi a jikin raƙumi a yi doguwar tafiya dashi cikin rana, kuma ba kwalta aka shafa masa ba, ba roba aka liƙa a ciki ba, aikin hannun mata ne kawai da ɓawon itace da hayaƙi. Mutanen nan suna Somaliya da Somaliland da Jibuti da gabashin Habasha wajen Jigjiga, da arewa maso gabashin Kenya wajen Garissa da Wajir, kuma rayuwar dajinsu tafiya ce, yau ana nan gobe an kwance ɗaki an ɗora wa raƙumi an bi ruwa da ciyawa, toh kinga tulu da randa ba zasu yi ba, tashi ɗaya sun fashe. Akwai masu ginin tukwane a kudu, irin na Buur Heybe sun yi suna ma, amma wannan kayan mazauna gari ne da manoma. Duma kuma ba ko'ina yake fita ba a irin wannan busasshiyar ƙasa. Shi yasa matan daji suka koma ga zare da fata da itace.

Kafin mu shiga, dan kar sunayen su rikita ki: a rubutunsu x ha ce mai kauri irin ta Larabci, c kuma ainun ce, dh kuwa kusan ɗ ɗinmu ce, sannan in kinga harafi biyu iri ɗaya a jere ja ake yi.

Fara sanin wanne ne wanne

Haan ita ce babbar cikin waɗannan mazuban na saƙa. Cikinta faɗi ne, gindinta da bakinta a tsuke, dan haka bata iya tsayuwa da kanta sosai, sai an sakata cikin wani keji na sanduna da aka lanƙwasa aka ɗaure da tsirkiyar fata, shi ake ce wa saab, kuma shine ke kare ta daga buguwa in raƙumi ya gogi itace ko ya durƙusa da ƙarfi. Akwai haan ta ruwa akwai ta madara, kuma ba a haɗa musu aiki, wadda aka ware wa ruwa ta ruwa ce har ta mutu. Ki riƙe wannan dan shine kuskuren da baƙo ke fara yi.

Dhiil ƙanwarta ce, ta madara zalla, wadda mace zata rataya ko ta goya ta kai kasuwa ko ta ajiye a ɗaki. Ita aka fi yi wa kwalliya, zaki ganta da fata a baki da wuri da duwatsun ado an jera mata. A wasu yankuna saƙa ta ake, a wasu kuma sassaƙa ta ake da itace sannan a yi mata baki da murfi na saƙa. Murfin, wato haruub ko hadhuub gwargwadon karin harshen yanki, kofi ne a karan kansa, in an buɗe sai a juya shi a tsiyaya madara a ciki a miƙa wa baƙo, har tatsa ana yi dashi. Sai gaawe, mai faɗin baki, na tatsar raƙumi, da toobte wanda shi ma na tatsa ne. Sunayen nan suna ɗan sassaɓawa daga wannan yanki zuwa wancan, kar ki yi musu da mai sayarwa a kai.

Na fata kuma ba baƙinmu bane. Sibraar da qarbed salka ce, fatar akuya da aka feɗe ta a dunƙule aka jeme. Wadaan guga ce ta fata. Dar shine komin da ake zuba wa dabbobi ruwa a bakin rijiya. Qumbe kuma tandu ne na ajiyar man shanu. Kalax ludayi ne na itace da ake ɗiba dashi. Shikenan, sauran duk rassa ne.

Kayan ɗinki da ɗinkin kansa

Zaren da aka fi ji dashi daga wani tsiro mai ƙaya yake fitowa, suna ce masa qabo, dangin su tinya da ƙerana ne, masu farin ruwan nan mai ƙuna. Mata ke fita su saro shi, a babbaka shi a wuta dan ƙayar ta ƙone ruwan ya mutu, sannan a ɓare a ciro zaren da ke ciki a tsattsaga shi siriri siriri a shanya. Dan Allah in kina da niyyar gwadawa da wani ɗan uwansa na gida ki kiyayi idonki, ruwan wannan dangin in ya shiga ido ba wasa bane, kuma ba kowanne ne ma yake da zaren ba. Akwai kuma argeeg, shi saiwarsa ake haƙowa a fere a tsaga. Sai caw, wanda ba komai bane illa kaba, ganyen goriba, shi yafi sauƙin samu yafi sauƙin aiki amma bai kai qabo ƙarko da matsewa ba. In koyo zaki yi toh da kaba zaki fara.

Ɗinkin irin na faifai ne sak, in kin taɓa zama kusa da mai ɗinkin faifai kin riga kin ga rabin aikin: ana haɗa 'yan zaruruwa a dunƙule su zama hanji, a naɗe su kamar gammo, sai a riƙa huda layin ƙasa da basilla, su suna ce mata mudac, a zura zare a zagayo kan hanjin a ja. Bambancin kawai shine matsewa. Faifai ko da 'yar ƙofa tsakanin ɗinki babu wanda ya damu, anan kuwa kowane ɗinki sai ya kwanta a jikin ɗan uwansa yadda ko tsinke ba zai wuce ba, kuma zaren a jiƙe ake aiki dashi, ki ajiye ɗan ruwa a kusa kina tsomawa, in ya bushe karyewa zai yi a hannunki ko ya ƙi kwanciya.

Daga gindi ake farawa, har karin magana suke dashi cewa haan daga gindi take ɗinkuwa. Kuma gaskiya ce ta aiki, dan naɗin farkon nan ɗan mitsitsi shine inda nauyin ruwan gaba ɗaya zai taru, in ya yi sako sako toh duk kyan da zaki yi a sama aikin banza ne, gara ki warware tun yana kamar kwabo ki sake. Daga nan sai ki riƙa ɗora kowane layi ɗan waje kaɗan da na ƙasansa dan ciki ya buɗe, in kin kai faɗin da kike so sai ki juya ki riƙa shigo dashi ciki ciki har ki kai wuya. Hanjin kar ya yi kauri a wani wuri ya sirance a wani, duk sanda kika ji ya fara raguwa a yatsanki ki cusa sabon zare, kar ki jira ya ƙare. Murfin daban ake ɗinka shi kuma ana yi ana gwadawa a bakin, dan so ake ya shiga da ɗan ƙarfi ya zauna daram.

Ba aikin sati bane. Babbar haan tana cin watanni, dan ba zama ake a yi ta kamar a shago ba, mace na kiwon awaki tana ɗinki, tana hira da yamma tana ɗinki, an tashi ƙaura ta cusa a kaya. Yarinya kuma a gefen uwarta take koya, da ƙaramin abu take farawa.

Asal, wato jima

In an gama ɗinki abin da ke hannunki kwando ne har yanzu, ki zuba ruwa ki ga yadda zai tsiyaye. Abin da ke mayar dashi mazubi shine asal. Ɓawon wata bishiyar ƙaya ce da suke kira galool, 'yar uwar bagaruwa, ake sassaƙowa a daka a tafasa har ruwan ya yi ja jawur ya yi kauri, sai a zuba a cikin sabuwar haan a rufe a riƙa jujjuyawa yana bin ko'ina, a bar shi ya kwana a ciki, a shafe bayan ma dashi, a sake a kuma sakewa. Zaren yana sha yana kumbura, ƙofofin suna toshewa, sannan abin nan mai bauri da ke cikin ɓawon, irin wanda dukawa ke nema a bagaruwa in zasu jeme fata, yana hana zaren ruɓewa. Da shi ɗin dai suke jeme salkarsu da gugarsu. In babu galool a inda kike, a ganina ɓawon bagaruwa ne mafi kusa dashi a aiki.

Ranar farko zata yi yoyo, ta biyu ma haka, kar ki karaya. Sai dai in wuri ɗaya ne ya nace yana ɗiga bayan sauran sun toshe, toh wannan ɗinki ne bai matsu ba, ki sa alama ki bi shi da basilla. Haan ta ruwa haka ake ta sabunta mata asal lokaci lokaci muddin ana amfani da ita, shi yasa ruwan cikinta yake da ɗan launi da ɗan bauri, wanda ya saba kuma har nemansa yake.

Turarawa, nan ne aikin yake

In kin tashi a gidan da ake turara randa ba zaki sha mamaki ba, sai dai su nasu ba dan ƙamshi kaɗai bane, shine wankin mazubin madara gaba ɗaya. Ki tuna wuri ne da ruwan sha ma sai an yi tafiya ake samo shi, babu wanda zai zubar da bokiti guda a wanke wanke, babu firji, ga zafi. Toh wuta ce ta maye gurbin ruwa da sabulu. Itacen turarawar suna ce masa culay, kuma ba kowane itace ake ɗauka ba, akwai waɗanda aka sani kamar meygaag, da zaitun ɗin daji a wuraren tudu, da wasu dangin aduwa, kowane yanki da wanda matansa suka fi so, har mutum kan kurɓi madara ya ce wannan ba turarin gidanmu bane.

Ga yadda ake yi. Ki juye sauran madarar da ke ciki tas, ki ɗauraye da ɗan ruwa, mai ɗumi in da hali, ki tsiyaye, ana so cikin ya zama da ɗan danshi amma ba ruwa kwance ba. Ki sa 'yan gutattakin itacen a wuta su kama sosai har bakinsu ya zama garwashi, ki kashe harshen wutar, hayaƙi da zafi kike so ba wuta mai ci ba. Sai ki jefa su ciki ki rufe murfi ki fara juyawa kina girgizawa, kina jin garwashin yana gudu a ciki yana bugun bango, kar ki tsaya, dan in garwashi ya zauna wuri ɗaya zai ƙona zaren ya huda miki aikin watanni, wallahi nan ne sabon hannu yake yin ɓarna. In kin ji zafin ya ratso bango zuwa tafin hannunki sai ki buɗe, hayaƙi ya fita, ki zazzage gawayin. In babbar haan ce ko ta daɗe ba a yi amfani da ita ba ki sake zagaye na biyu da sabon garwashi. Murfin ma a yi masa nasa, a kifa shi kan itacen mai hayaƙi ko a goga masa bakin garwashin da sauri.

Bayan nan sai gogewa. Da wani ɗan tsumma ko dunƙulen zare mai laushi da aka ware wa wannan aikin kaɗai ake bin cikin a share toka da ɓurɓushin gawayi, in ba haka ba madararki zata fito da baƙin ɗigo ɗigo. Ki barta ta huce kafin ki zuba madara, mazubi mai zafi yana saurin juya ta. Kuma ba sau ɗaya ake yi a ce an gama ba, kusan duk sanda za a zuba sabuwar madara sai an turara, har gaawe ɗin tatsa.

Abin da ke faruwa a hankali shine maiƙon madara da hayaƙi suna haɗuwa su yi wani baƙin rufi mai santsi a bangon ciki, yana ƙaruwa shekara da shekaru, shine ke ƙara toshe ta, shine kuma ke bada ɗanɗanon. Dan haka in kin leƙa tsohuwar dhiil kika ga cikinta baƙi ƙirin yana ƙyalli ba datti bane. Kar ki kuskura ki sa mata omo da soson ƙarfe, zaki kankare abin da ya sa take riƙe madara, sannan zaren zai shanye warin sabulun ya riƙa mayar miki dashi a kowane zubi. Kar kuma ki turara da duk itacen da kika tsinta, banda mai farin ruwa irin tumfafiya, banda katakon da aka yi wa fenti, banda gawayin da aka kunna da kalanzir ko leda, kuma turaren wuta na ɗaki ba na nan bane.

Tatsa, ajiya da kaɗa mai

Nan kuma malam kai ne a gaba, dan a al'adarsu raƙumi na maza ne, su ke kiwonsa su ke tatsarsa, mata kuma awaki da tumaki. Ana fara sakin ɗan taguwar ya ɗan tsotsa dan nonon ya sauko, sai a janye shi, mai tatsa ya tsaya da ƙafa ɗaya ya ɗaga ɗaya gwiwar ya ɗora gaawe a kai yana tatsa, sau da yawa mutum biyu ne, ɗaya ta nan ɗaya ta can, kuma da sauri ake yi dan taguwa bata daɗewa take janye nononta. Faɗin bakin gaawe amfaninsa kenan, kuma kumfar da ke tashi a sama, xoor, abin so ce, ba a zubar da ita. In ɗan ya mutu har fatarsa suke ajiyewa a riƙa nuna wa uwar tana shinshinawa dan ta ci gaba da bada nono. Ƙasa irin Somaliya da ake ƙiyasta raƙumanta sun haura miliyan 7 dole ta san irin waɗannan dabarun.

Sabuwar madara dhay ce. In ana son mai tsami sai a zuba ta cikin turararriyar dhiil ko haan a rufe a ajiye a inuwa kwana ɗaya zuwa biyu, ta zama suusac. Kar ki zauna jiran ta kama kamar kindirmo, madarar raƙumi bata daskarewa haka, tsinkakkiya take zama da tsami da ƙamshin hayaƙi, in kinga haka ba lalacewa ta yi ba. Kuma da ƙyar take bada mai, shi yasa in man shanu ake so sai a koma ga ta saniya ko ta akuya.

Kaɗawar a cikin haan ake yi. Ki bar madarar ta yi tsami, ki zuba amma kar ki cika, ki bar mata wurin da zata yi gudu, ki danna murfi ki ɗaure, sai ki zauna ki jingina ta ko ki rataye ta ki riƙa turawa gaba kina jawowa baya, da sassafe yafi kafin rana ta yi zafi man ya narke ya ƙi haɗuwa. A farkon nan ki riƙa tsayawa kina ɗan sassauta murfin iska ta fita, in ba haka ba zata tunkuɗo shi da kanta ta yi miki wanka. Mata suna da waƙoƙinsu na wannan aikin, kuma waƙar ce ke riƙe musu kiɗan hannu. Kunnenki zai gaya miki in ya yi, ƙarar tana sauyawa daga kauri zuwa ta ruwa ruwa da ɗan abu yana bugawa a ciki. Ɗanyen man shine burcad, tsalar da ta rage ciir, in an soya man ya zama subag a ɗura a qumbe.

Haan ta ruwa da tafiyar rijiya

Shekararsu kashi huɗu ce: gu, babbar damina wajen Afrilu zuwa Yuni, sai xagaa, ranin da ke tsakanin daminun biyu, sai dayr ƙaramar damina wajen Oktoba da Nuwamba, sai jiilaal, rani mai tsanani daga wajen Disamba zuwa Maris. A jiilaal ne haan ta ruwa ke cin wuya. Ayarin ɗebo ruwa, dhaan, yana tashi da amalen raƙuma na kaya ɗauke da haan babu komai a ciki, a je rijiya ko berkad, wato tankin siminti da ake ginawa a ƙasa yana tara ruwan sama, wanda ya fara yaɗuwa a yankin Hawd, wajen iyakar Somaliland da Habasha, tun shekarun 1950. A rijiya mai zurfi maza ke jeruwa daga ƙasa zuwa sama suna miƙa wa juna wadaan suna waƙar shayarwa.

Ƙa'idar lodi ɗaya ce, nauyin dama ya yi daidai da na hagu, biyu nan biyu can ko ɗaya da ɗaya, a kan shimfiɗar tabarmi masu kauri dan kar saab ya ci bayan dabbar. A cika ta fal, dan rabin ruwa yana tangaɗi yana wahalar da raƙumi yana kuma kwance ɗauri, a danna murfi a zagaye shi da igiya. In an iso gida a jingina ta a inuwa cikin ɗaki. Kuma haan ta ruwa bata son zama a bushe, in ta daɗe babu komai zaren yana tsukewa ƙofofi su buɗe, sai an jiƙa ta an sake mata asal kafin ta dawo hayyacinta.

Wadda ba ta madara ba ce ba ta ruwa ba

Zaki iya cin karo da wata mai kama dasu amma an lulluɓe ta da farin ƙyalle da ado an ɗaɗɗaure ta da igiya, wannan xeedho ce, ta biki, an fi yinta a arewa da Jibuti. Uwar amarya ke haɗa ta, a ciki akwai akushi cike da muqmad, naman da aka shanya aka yayyanka ƙanana aka soya, an nutsar dashi cikin subag an rufe da dabino da aka kwaɓa. Ana buɗe ta ne a taro, galibi a kwana na 7, dangin ango maza su fito ɗaya bayan ɗaya suna neman bakin igiyar da matan suka ɓoye, wanda ya kasa a ci shi tara da waƙa ko rawa ko kacici kacici, kuma ba a sa wuƙa dan ana ɗaukarta kamar amaryar ce da kanta. A 2023 UNESCO ta sa xeedho ta Jibuti cikin jerin al'adun da ke buƙatar ceto da gaggawa. In an baki irin wannan kar ki zuba mata komai.

In saya zaki yi

Yanzu jarka ta cinye kasuwa, galibi 'yar rawayar nan mai lita 20 da aka gama da man girkin cikinta, da ƙananan masu lita 3 da 5, da su ake kai madara Hargeysa da Burco da Jigjiga, da su ake loda ta a mota daga Isiolo zuwa unguwar Eastleigh a Nairobi. Ban ga laifin matan ba, jarka bata da nauyi bata da tsada kuma ba sai kin yi watanni kina ɗinki ba, ga fari da ya kori mutane da yawa daga daji zuwa gari, na 2016 zuwa 2017 da kuma damina biyar a jere da suka gaza daga 2020 zuwa 2022, wadda dabbobinta suka ƙare me zata zuba a haan. Amma fa jarka bakinta ƙarami ne hannu baya shiga, lungunanta basa wankuwa, kuma har ita wasu suke turarawa dan masu saye sun saba da ɗanɗanon hayaƙi, roba da zafi kuwa ba abokan juna bane. Shi yasa masu aikin inganta madara suke ta tura mutane ga gwangwanayen silba masu faɗin baki.

Sakamakon haka yawancin dhiil da zaki gani a shago yau ta ado ce, ta ratayewa a falo ko ta riƙewa a wajen biki. Ba laifi bane, amma ki san me kike biya. Ki buɗe ki shinshina, wadda ta yi aiki tana warin hayaƙi da mai, cikinta baƙi, ta ado kuwa cikinta fari fat ko warin fenti. Ki ɗaga ta saitin rana ki leƙa ciki, in kina ganin haske ta jikin ɗinkin toh ba zata riƙe komai ba. Ki matsa cikinta da hannu biyu, ta kirki tauri gareta kamar itace. Ki duba gindi da wuya dan nan suke fara mutuwa, ki gwada murfin ko nata ne, sau da yawa ana haɗa wata da murfin wata. Ki kuma kula da zaren, akwai masu yi da zaren buhu da leda mai launi, suna da kyau a ido amma garwashi ɗaya ya narkar dasu. In gani kawai kike so, akwai su a gidan tarihi na Saryan da ke Hargeysa, da kuma gidan tarihin Somaliyawa na Minnesota a Amurka wanda aka buɗe a 2013, can har tsofaffin mata ke koya wa yara saƙa.

Sai maganar lafiya, wadda ba zan tsallake ba. Hayaƙi yana rage ƙwayoyin da ke jikin mazubi yana sa madara ta ƙara daɗewa, amma baya kashe cutar da ta fito daga jikin dabbar, irin bakkale da ke sa zazzaɓi mai tafiya yana dawowa da ciwon gaɓoɓi, kuma tun bayan ɓullar cutar numfashi ta MERS a 2012 hukumar lafiya ta duniya ke jan kunne kan shan ɗanyar madarar raƙumi. Da yawa daga cikin makiyayan ɗanya suke sha kuma zasu ce miki tafasawa na kashe mata daɗi, ni dai shawarata ki tafasa, ki barta ta huce sarai, sannan ki zuba a turararriyar dhiil, ƙamshin hayaƙin zaki same shi yadda yake.

In kuma ajiyewa zaki yi ba amfani ba, ki ɗauraye ki turara ta sau ɗaya, ki barta a buɗe ta sha iska a inuwa har ta bushe sarai kafin ki mayar da murfi, in kin rufe da danshi fumfuna zata yi. Kar ki sata a leda, kar ki ajiye ta a ƙasa inda gara zata samu, kuma ɓera yana bin warin man ya ci fatar bakin, dan haka rataye ta yafi. Lokacin hunturu fatar da igiyoyin kan bushe su fara tsagewa, sai ki laƙaci ɗan man shanu ki murza musu da yatsa, kaɗan dai, in ya yi yawa ƙura yake kamawa.